Maɗauri da Ɗaurin Igiya a Saukar Kwazazzabo: Ninki Biyu ko Tilo?

"Malam, barka da aiki. Na ɗan jima ina hawan dutse da igiya, kuma sau uku ke nan ina bin abokai zuwa saukar kwazazzabo, duka a wuraren da babu ruwa. Abin da muka saba shi ne mu zura igiya ta cikin zoben da muka tarar, mu daidaita bakinta biyu, mu jefa ƙasa, kowa ya sauka a kan ninki biyu. Yanzu muna shirin shiga wani kwazazzabo da ruwa ke gudu a cikinsa, sai wani ya ce mana wannan ɗaurin bai dace da can ba, wai sai igiya tilo da ɗaurin da ake iya sassautawa. Shin haka ne? Kuma yaya zan gane ko maɗaurin da na tarar abin dogaro ne, tunda ban san wanda ya kafa shi ba?"

Ɗan'uwa, barka kadai. Tambayarka biyu ce a dunƙule: yadda ake rataya igiya a inda ruwa ke zuba, da yadda ake tantance abin da za a rataya ta a jikinsa, wato maɗauri. Wanda ya ba ku shawarar ya faɗi gaskiya, amma zan fara da tambaya ta biyu, domin duk kyan ɗauri, idan maɗaurin ya tsige, igiya da mutum tare za su tafi.

Akwai bambancin da ya kamata mai hawan dutse ya riƙe tun kafin ya shiga kwazazzabo. A hawa, ƙarfinka ne ke riƙe ka, igiya tana jiran ranar da ka faɗo. A sauka kuwa, tun daga taku na farko dukan nauyinka yana kan igiya da maɗauri, babu wani abu na biyu. Sannan da zarar kun janyo igiyarku daga sauka ta farko, hanyar komawa baya ta rufe, sai dai ku ci gaba har ƙarshe. Saboda haka duk lokacin da na tsaya a bakin gangare, tambaya biyu nake yi wa kaina kafin in taɓa igiya: idan wanda ke kanta ya maƙale a tsakiya, me zan iya yi masa daga nan sama, kuma idan na ƙarshenmu ya sauka, ta yaya igiyar za ta biyo mu? Duk abin da zan faɗa a ƙasa daga waɗannan biyun ya fito.

Ita igiyar kanta, kada ka ɗauko ta hawa. An yi ta ne don ta miƙe ta shanye ƙarfin faɗuwa, kuma wannan miƙewar ce ke sa ta riƙa gugar bakin dutse sama da ƙasa kamar zarto duk lokacin da mai sauka ya motsa. Ta kwazazzabo ba ta miƙewa sosai, kaurinta yakan kama daga milimita 8 zuwa 10, kuma ana fifita wadda ba ta shan ruwa, domin nailan idan ya jiƙe yana ƙara nauyi, ƙarfinsa kuma yana raguwa.

Tantance maɗauri

Maɗaurin da za ka tarar ba zai wuce ɗaya daga cikin uku ba: abin da yake wurin tun asali, kamar bishiya ko ƙaton dutse ko dutsen da ya maƙale tsakanin bango biyu, ko ƙusoshin da aka huda dutse aka kafa, ko abin da wasu suka haɗa da hannu, kamar dutsen da aka ɗaure aka binne a yashi ko aka tara wasu duwatsu a kansa. A kusan kowannensu za ka ga an zagaya faffaɗan bel na nailan, an maƙala masa zoben ƙarfe.

Bari mu duba lissafin, don ka san inda haɗarin yake. Sabon bel mai faɗin milimita 25 yana ɗaukar kusan kilonyuton 18 (kilonyuton ma'aunin ƙarfin ja ne), alhali mutum mai kilo 90 da jakarsa, idan yana rataye shiru, bai kai kilonyuton ɗaya ba. Ko da ƙulli ya rage ƙarfin bel ɗin, ko da mai sauka ya yi tsalle ya ninka nauyinsa, tazarar tana da yawa. Ke nan sabon kaya da aka ɗaura daidai ba shi ne ke tsinkewa ba. Abin da ke cin amanar mutane shi ne tsohon bel, da ƙullin da ya zame, da dutsen da ya motsa.

Don haka ina bin bel ɗin da yatsuna daga farkonsa har ƙarshensa, musamman ɓangaren da ya ɓuya a bayan dutse ko a ƙarƙashin yashi, domin can ne ɓera ke ci, can ne kuma ambaliya ke gurje shi da tsakuwa. Idan launinsa ya koɗe, ko ya yi tauri kamar busasshiyar fata, rana ta riga ta cinye shi. Sai in duba ƙullin da ya haɗa bakinsa biyu. Wannan ƙulli yana da hali guda: duk lokacin da aka ɗora masa nauyi aka sauke, jelarsa takan ɗan shige ciki, kaɗan kaɗan, har wata rana ta zare gaba ɗaya. Jelar da ba ta kai santimita 8 ba, ina kwancewa in sake ɗaurawa. Idan kuma wani ɓangare na bel ɗin yana inda idona ko hannuna ba zai kai ba, ba na yin tunani sau biyu, yankewa nake yi in sa sabo. Shi ya sa ba na shiga kwazazzabo ba tare da wuƙa da bel mai tsawon mita 10 ko fiye da zobba biyu ko uku ba. Tsohon da ka yanke, ka sa shi a jaka ka fita da shi. Ɗora sabo a kan tsofaffi biyar ba ya ƙara tsaro, sai dai ya hana na bayanka ganin wanda ke ɗauke da nauyin.

Bishiya ta zama rayayya, mai kauri aƙalla kamar cinyar babban mutum, saiwarta a cikin ƙasa mai zurfi, kuma a ɗaura a gindinta, domin yadda ɗaurin ya yi sama haka ƙarfin tumɓuke ta yake ƙaruwa. Ƙaton dutse kuwa, girmansa kaɗai ba hujja ba ne. Ka duba a kan me yake zaune, ko ruwa ya kwashe yashin da ke ƙarƙashinsa, sannan ka tura shi ta fuskar da igiya za ta ja shi. Ana cewa ido ba mudu ba ne amma ya san kima, sai dai a nan ina haɗa ido da hannu da kafaɗa.

Ƙusoshi sun fi kwantar wa sabon shiga hankali, kuma su ne suka fi wahalar tantancewa, saboda abin da ke cikin ramin ba ya ganuwa. Ina neman biyu, ba ɗaya ba. Ina duba tsatsa, da ko marataya, wato ƙarfen da ke kan ƙusar wanda ake rataya igiya a jikinsa, tana juyawa, da ko dutsen da ke kewaye ya tsage ko yana amsa kamar ƙwarya idan an ƙwanƙwasa. A dutsen yashi, wanda yake da laushi kuma yake ƙara rauni idan ya jiƙe, ƙusar da ake ɗaurewa ta buɗe a cikin rami takan sassauta da shekaru, wadda aka dasa da gam ta fi daɗewa. Idan za ka haɗa ƙusa biyu da bel, ka kula da kusurwar da ke tsakanin reshensa biyu. A digiri 60 kowace ƙusa tana ɗaukar kashi 58 cikin 100 na nauyin, a digiri 90 kashi 71, a digiri 120 kuwa kowacce tana ɗaukar nauyin gaba ɗaya, wato haɗa su bai rage mata komai ba. Ƙara tsawon bel ɗin shi ke matse kusurwar. Zoben ma a duba shi, domin igiya mai yashi tana cin ƙarfe, na alminiyam kuma ya fi saurin yin kwari. Abu guda da ba a yi ko da wasa shi ne zura igiya kai tsaye ta cikin bel babu zobe, saboda gugar nailan a kan nailan tana narkar da shi yayin janyowa, wanda ya zo bayanka kuma shi zai rataya a wurin da ya ƙone.

Maɗaurin da na yi shakkarsa amma babu wani a kusa, ina gwada shi da jikin mutane. Wani zai zauna a bayansa, ya tokare ƙafafunsa da dutse, a haɗa igiyar sauka da ɗamarar tsaro da ke ƙugunsa ta wata igiya dabam wadda aka bari da ɗan sako-sako, yadda maɗaurin ne zai ɗauki nauyin, shi kuma yana nan a matsayin mai tarewa idan abu ya ɓaci. Mafi nauyi a cikinmu shi ke fara sauka, sauran muna kallon maɗaurin ko zai motsa. Mafi sauƙin jiki kuma mafi iya sauka a hankali shi ke zama na ƙarshe, domin shi kaɗai ne ba shi da mai tare masa. Kuma duk mai sauka a kan irin wannan maɗauri ya fara daga zaune, ya zame ta bakin dutsen, don bakin ya ɗauke wani kaso na nauyin. Idan a sauka ta farko ne kuka rasa maɗaurin da hankali zai kwanta da shi, to da muguwar rawa gara ƙin tashi, ku juya tun hanyar tana buɗe.

Ninki biyu da tilo

Ɗaurin da kuka saba ba laifi ba ne. Yana da sauƙi, kowa yana iya duba shi da ido ɗaya, yana ba da birki mai kyau, kuma babu wani ƙulli ko ƙarfe da zai maƙale yayin janyowa. A gajeren gangare busasshe, inda kake ganin bakin igiyar biyu sun taɓa ƙasa, ni ma shi nake yi. Rauninsa shi ne idan mutum ya maƙale, duka ninkin biyu suna ɗauke da nauyinsa, na sama ba shi da ragowar igiya ko hanyar da zai sassauta. A busasshen wuri wannan jinkiri ne kawai, ana da lokacin da za a kawo wata igiya. A ƙarƙashin ruwa mai zuba, lokacin daƙiƙu ne.

Na ga wannan da idona, kuma ni na yi ɗaurin. Gangaren bai wuce mita 12 ba, ruwan kuma ba shi da yawa, sai na ga babu dalilin ɓata lokaci. Abokin tafiyarmu ya kai tsakiya, gefen rigarsa ya shige cikin na'urar sauka, wato ƙarfen da igiya ke bi ta cikinsa don rage gudun mai sauka, ya cushe ta, daidai inda ruwan ke dukan hular kwanonsa. Ba ya iya ɗaga kai ya yi numfashi sosai, ba ya jin muryarmu, ni kuma ina tsaye a sama da igiyar da ba zan iya ƙara masa ko taku ɗaya ba. Allah ya taimake mu ya samu wurin da ya dafa ƙafa, ya rage nauyinsa ya fizge rigar. Tun daga ranar, duk inda ruwa ke taɓa mai sauka, ɗaurin da ake sassautawa nake yi, komai gajartar wurin.

Sauka a kan igiya tilo iri biyu ce, kuma mutane suna yawan rikita su. Na farko shi ne tokari: a zura igiya ta zobe, a auna tsawon da ake bukata, sannan a ɗaya gefen a ɗaure karabina mai kulle, wato maƙalin ƙarfe mai ƙofa a gefe ɗaya, a jikin igiyar, a bayanta mara ƙofa, yadda za ta tokare da zoben ta hana igiyar wucewa. Amfaninsa shi ne kana iya daidaita tsawo, kuma gefen ja, wato wanda ake janyo igiyar da shi bayan an sauka, yana iya zama siririyar igiya ta milimita 6, abin da ke rage kaya a dogon gangare. Sharaɗinsa zoben ya zama ƙarami yadda karabinar ba za ta bi ta ciki ba. Haɗarinsa kuwa babba ne: igiya biyu ne ke rataye, ɗaya tana riƙe mutum, ɗayar tana zarewa da zarar an ja ta, kuma an yi asarar rayuka saboda mutum ya sa na'urarsa a gefen ja. Maganin shi ne a kulle tokarin da maɗaurin da wata karabina, a kuma bar gefen ja a cikin jaka a sama har sai na ƙarshe zai sauka. Amma ka lura, tokari ba ya sassautuwa idan akwai nauyi a kansa, don haka bai warware matsalar ruwa ba.

Na biyu shi ne abin da aka ba ku shawara. Ana maƙala karabina mai faɗin baki a maɗauri, a ɗaura igiya a kanta da ƙullin Munta, wanda yake aiki kamar birki, sannan a kulle shi da ƙullin zarge, a ƙara wani ƙulli a kan zargen don kada ya kwance da kansa. Idan mai sauka ya maƙale, na sama zai kwance ƙullin tsaron, ya riƙe gefen birki da kyau, ya fizge zargen, ya zurara mutumin har ƙasa da na'urarsa a cushe yadda take. Ana yin irin wannan da ƙarfen sauka mai siffar lamba 8, wanda ake tokarawa da zobe, kuma shi yana da fa'idar cewa ba sai an sake ɗauri ga na ƙarshe ba. A kwazazzaban Faransa da Sifen, inda ruwa ya fi yawa, wannan ɗauri yana cikin abubuwan farko da ake koya wa mai jagorantar tafiya. Yana da sharuɗɗa biyu da idan babu su ba shi da amfani. Dole ragowar igiyar da ke cikin jaka a sama ta isa a zurara mutum har ƙasa, wato igiyar ta kai ninki biyu na tsawon gangaren, kuma a shirya ta yadda za ta fito ba tare da sarƙewa ba. Dole kuma wanda ya iya kwance shi ya tsaya a wurin, a ɗaure da maɗauri, yana ganin mai sauka ko yana ganin wanda ke ganinsa.

Wani amfaninsa da ba a cika ambata ba shi ne kare igiya. Tilo ta fi ninki biyu saurin gurjewa a bakin dutse, amma da wannan ɗauri kana iya sakin ɗan taƙi bayan kowane mutum, don kada wuri guda ya sha guga sau shida.

Abin da ruwa yake juyawa

Wasu ɗabi'u masu kyau na hawan dutse suna zama haɗari a ruwa mai gudu, kuma nan ne na fi jin tsoro ga mai irin tarihinka. An koya maka ƙulla bakin igiya don kada ka zame ta ƙarshenta, kuma a dogon gangare busasshe haka ya dace. Idan saukar tana ƙarewa a tafki mai zurfi da ruwa ke juyawa, wannan ƙullin zai riƙe ka a inda ya kamata ka kuɓuce. Abin da ake yi shi ne a auna igiya ta tsaya daidai saman ruwan, yadda mai sauka zai zame daga ƙarshenta ya faɗa ya yi iyo, ba tare da ya tsaya kwance na'ura ba, ba kuma tare da ragowar igiya tana naɗe masa ƙafa ba. Na farko shi ke auna wa sauran: a ba shi igiyar da ta ɗan gaza, ya tsaya kafin ƙarshenta ya ba da alama, na sama ya zurara shi har tsawon ya yi daidai, sannan a kulle. Ninki biyu ba ya ba ka wannan damar cikin sauƙi.

Haka ƙullin Furusik da ake sawa a ƙasan na'ura don ya kama idan hannu ya saki. A busasshen wuri yana ceto, a ƙarƙashin ruwa kuwa idan ya kama, ya tsayar da kai ke nan a wuri mafi muni. Maimakonsa ana ƙara birkin na'urar tun daga sama, ganin cewa siririyar igiya tilo, jiƙaƙƙiya, tana gudu fiye da abin da ka saba, kuma birkin yana raguwa yadda kake kusantar ƙasa saboda nauyin igiyar da ke ƙarƙashinka yana raguwa. Na'urori irin su Pirana na kamfanin Petzl an yi su da ƙahonni ne don a iya ƙara birki ana cikin sauka. Murya kuma ba ta aiki kusa da ruwa mai ƙara, sai usur da alamar hannu. Ma'anar busa ɗaya ko biyu ko uku ta bambanta daga wuri zuwa wuri, don haka ku daidaita a kanta tun kafin ku shiga.

Na ƙarshe da janyo igiya

Kafin na ƙarshe ya taso, shi zai mayar da ɗaurin zuwa tokari ko ninki biyu, ya cire karabinar tsaro, sannan na ƙasa su gwada ja su ga igiyar tana motsi. Idan ba ta motsa yana sama, ba za ta motsa bayan ya sauko ba, sai a ƙara tsawon bel ɗin har zoben ya leƙo bakin dutsen. Yana sauka yana raba igiyoyin biyu don kada su murɗe, yana kuma kau da su daga tsagar da za ta cije su. In an haɗa igiya biyu, ƙulli mai sauƙi da ake yi da bakinsu biyu a jere, a bar jela ta kai santimita 30 ko fiye, a kuma ja kowane reshe ya ɗaure tam, ya fi wucewa ta kan dutse ba tare da maƙalewa ba. Kada a yi shi da siffar lamba 8, domin wannan yakan birkice ya ci jelarsa. A tabbata an kwance duk wani ƙulli a ɗaya bakin, a ja daga nesa da bango, a hankali ba tare da tsayawa ba.

Za ka ji labarin kayan da ake janyo su gaba ɗaya ba a bar komai a baya ba, irin su FiddleStick da SandTrap, waɗanda suka yaɗu a kwazazzaban dutsen yashi na jihar Yuta ta Amurka, inda janyo igiya ke barin kwari a jikin dutse. Suna da amfani a hannun wanda ya goge, amma an yi su ne don su kwance idan an ja su, kuma ban ga dacewar ka fara da su ba a wannan mataki.

Iyakar abin da zan iya yi maka daga nesa shi ne in bayyana dalilai. Maɗaurin da za ku tarar, wanda ya tsaya a gabansa ne kaɗai zai yanke hukunci a kansa, ƙulli kuma hannu ne ke koyonsa a gaban wanda ya iya. Kafin tafiyar, ku rataya igiya a wuri mara tsawo, ɗayanku ya rataya da cikakken nauyinsa taku biyu daga ƙasa, kowa ya ɗaura Munta da zarge, ya kwance ya zurara shi, ya sake kullewa da nauyin a kai. Ku maimaita da jiƙaƙƙiyar igiya da safar hannu, domin zargen yakan cije idan ya sha nauyi, kuma lokacin da ya fizgu igiyar takan ɗan zabura. A tafiyarku ta farko cikin ruwa kuma, ku samu wanda ya saba da irin wannan kwazazzabo ya tsaya a maɗauri, kai kana gefensa kana yin ɗaurin yana dubawa.